Esturjon: kifin da ke shekara 15 kafin ya zuba ƙwai, da ƙoƙarin ceto shi a kogunan Faransa

A shekarar 1994 ne masana kimiyya a Faransa suka tabbatar da haihuwar ƙarshe ta wani babban kifi a kogunan yankin Bordo, kudu maso yammacin ƙasar. Faransawa na kiransa esturgeon, a nan kuma za mu rubuta shi esturjon. A da ana samun wannan nau'in nasa na Turai a kusan dukkan manyan kogunan yammacin nahiyar, daga Elbe da Rhin zuwa Seine da Loire, har Guadalquivir ta ƙasar Sifaniya. Yau wuri ɗaya tak aka tabbatar ya rage masa: kogunan Garonne da Dordogne, da mashigar Gironde inda su biyun ke haɗuwa su kwarara cikin tekun Atlantika.

Esturjon ba kifin Afirka ba ne, ba a samunsa a kogin Kwara ko Binuwai ko tafkin Chadi. Amma duk wanda ya taɓa jin sunan caviar, wato kabiya, abincin nan mai tsada da ake kawowa a liyafar attajirai, to ya ji labarin ƙwansa, domin kabiya ƙwan esturjon ce da aka sa wa gishiri. Wannan ƙwai na cikin abubuwan da suka kai kifin bakin ƙarewa.

Wane irin kifi ne?

Masana na lissafa nau'i 27 a dangin esturjon, idan aka haɗa da ƴan'uwansa biyu masu dogon hanci kamar filafilin kwalekwale. Dukkansu ƴan arewacin duniya ne: Turai, Asiya da Amurka ta Arewa. Burbushin da aka tono cikin duwatsu ya nuna cewa danginsu sun kai kusan shekara miliyan 200 a duniya, kuma siffarsu ba ta sauya sosai ba.

Wanda ya saba da karfasa ko giwan ruwa zai yi mamakin ganinsa. Ba shi da ɓawo a jiki irin na sauran kifaye. A maimakon haka yana da layi biyar na faranta masu tauri kamar ƙashi, ɗaya a gadon baya, biyu a gefe, biyu a ciki, sai ka ce sulke aka ɗaura masa. Mafi yawan ƙashin jikinsa guringuntsi ne. Bakinsa a ƙasan kai yake, babba ba shi da haƙori ko ɗaya, kuma yana iya zuro bakin waje kamar mazurari ya tsotsi abinci. A gaban bakin akwai gashi huɗu irin na tarwaɗa, da su yake laluben tana da ƙananan jatan lande da sauran ƙwarin da ke cikin laka. Saboda haka rayuwarsa duk a ƙasan ruwa take.

Esturjon na Turai na iya wuce mita 3 a tsawo, nauyinsa ya kai kilo 300. Babban yayan dangin shi ne beluga na tekun Kaspiya da Bahar Aswad. Wata macen beluga da aka kama a bakin kogin Volga a 1827 ta kai mita 7.2 da kilo 1,571. Beluga na iya wuce shekara 100 a raye.

Rayuwa tsakanin kogi da teku

Esturjon na Turai a kogi ake haihuwarsa, a teku yake girma, sa'annan ya komo kogi ya haihu. Tafiyar na farawa ne a watannin Mayu da Yuni, lokacin da manya ke baro teku su hau Garonne da Dordogne. Suna neman wuri mai zurfi, mai ruwa mai gudu, wanda ƙasansa tsakuwa ce mai tsafta. Macen na zuba ƙwai dubban ɗaruruwa, babba ma ta haura miliyan, namiji ya barbare su cikin ruwa. Ƙwan na da yauƙi, yana mannewa a jikin tsakuwa, kuma cikin ƴan kwanaki yake ƙyanƙyashewa. Iyayen ba sa tsayawa reno, teku suke komawa.

Tsakuwar nan ita ce gidan farko. Jariran na ɓuya a tsakankaninta daga manyan kifaye, ruwan da ke ratsa ta kuma yana kawo musu iskar shaƙa. Idan laka ta rufe ta, ko aka kwashe ta, ƙwai ya lalace.

Bayan wasu watanni ƙananan kan gangara zuwa mashigar Gironde, wadda ta kai kimanin kilomita 75 a tsawo, ita ce kuma mafi girma a yammacin Turai. A nan ruwan kogi ke gauraya da na teku ya zama ruwan zartsi. Ƴaƴan esturjon na shafe shekaru a wurin, suna cin tana, jikinsu na sabawa da gishiri sannu a hankali. Daga baya sukan fara leƙa teku suna dawowa, har su fice gaba ɗaya. A teku ba sa nisa da gaɓa, sun fi son wuraren da zurfinsu bai wuce ƴan gomomin mita ba. Suna bin gaɓar Faransa, su ratsa mashigin da ke tsakaninta da Ingila, wasu har tekun Arewa.

Namiji ba ya balaga sai ya kai shekara 10 zuwa 12. Mace kuwa sai wajen shekara 15. Ko bayan ta balaga ba kowace shekara take zuba ƙwai ba, takan huta shekaru kafin ta sake hawa kogi. Karfasa, idan aka kwatanta, tana fara haihuwa tun ba ta cika shekara ɗaya ba.

Jinkirin da ya zama rauni

Tsawon miliyoyin shekaru wannan jinkiri riba ne ga esturjon. Idan ya girma, da wuya wani abu a cikin ruwa ya iya cinye shi. Yana daɗewa a raye, yana haihuwa sau da yawa. Idan fari ko ambaliya suka ɓata ƙwan bana, uwar na nan, za ta sake zubawa bayan wasu shekaru. Dogaron jinsin gaba ɗaya a kan abu ɗaya yake: manya su daɗe ba su mutu ba.

Tarun ɗan Adam kuwa manyan yake nema, musamman mace mai ciki cike da ƙwai, a daidai lokacin da take hawa kogi ba ta kai ga zubawa ba. Duk macen da aka kama, an yi asarar shekara 15 na girma da duk haihuwar da za ta yi a gaba. Wurin da aka kwashe karfasa zai iya cikowa cikin damina biyu ko uku idan aka bar shi ya huta. Na esturjon sai an yi lissafi da gomomin shekaru.

Akwai kuma wata matsala da ke ruɗar masunta da hukumomi. Tunda kifin na daɗewa, ana iya ci gaba da kama tsofaffi shekara da shekaru bayan haihuwa ta tsaya. Taru na fitowa da kifi, kowa na ganin lafiya lau, alhali babu na baya da za su maye gurbi. Kafin a farga, an makara.

Yadda aka kai ga haka a Gironde

Mutanen yankin sun daɗe suna kama wannan kifi, wanda suke kira créac a harshensu, don namansa. Ƙwan ba shi da wata daraja a wurinsu, har agwagi ake zuba wa. Al'amarin ya sauya a shekarun 1920, bayan juyin juya halin Rasha, lokacin da kabiya ta zama abin yayi a birnin Paris. Gidan abincin Prunier ya shirya sarrafa ƙwan a bakin Gironde, ƙauyen Saint-Seurin-d'Uzet ya yi suna da wannan sana'a. Abin da ake zubarwa ya koma abin da ya fi komai tsada a jikin kifin.

An kama manya don ƙwai, an kama ƙanana don nama. Kabiyar da a shekarun bayan yaƙin duniya na biyu ake aunawa da tan, kafin 1980 ta koma ƴan kilo kaɗan. A 1982 gwamnatin Faransa ta haramta kama shi da sayar da shi kwata-kwata.

Su kaɗai bai isa ya bayyana faɗuwar ba. Shekaru da dama ana haƙar yashi da tsakuwa daga cikin kogunan don gine-gine da hanyoyi, wato ana kwashe wuraren zuba ƙwai da babbar mota. Sai a 1994 aka hana wannan haƙa a tsakiyar koguna a Faransa. Madatsun ruwa, wato baraj, su ma sun rage masa hanya: a Garonne ba ya wuce Golfech, a Dordogne kuma Bergerac ce iyakarsa. Ga gurɓatar ruwa daga masana'antu da gonaki, ga kuma tarun da aka kafa don wasu kifaye amma ya faɗa ciki.

Ba Faransa kaɗai ba

Irin wannan labari ya maimaitu a duk inda esturjon yake. A tekun Kaspiya, wanda a da shi ke ba duniya mafi yawan kabiyarta, madatsar Volgograd da aka gina a ƙarshen shekarun 1950 ta raba beluga da mafi yawan wuraren haihuwarsa a kogin Volga. Bayan rushewar Tarayyar Sobiyet a 1991 tsaro ya yi rauni, kamun sata ya yawaita. Daga baya ƙasashe biyar da ke kewaye da tekun, wato Rasha, Iran, Kazakistan, Turkumenistan da Azarbaijan, suka amince su dakatar da kamun kasuwanci.

A kogin Danube, a da beluga kan hau daga Bahar Aswad har ya wuce birnin Biyana na Ostiriya. Madatsun Portes de Fer guda biyu, tsakanin Romaniya da Sabiya, waɗanda aka kammala a 1972 da 1984, sun tsayar da shi kimanin kilomita 860 daga teku. Romaniya ta haramta kamun esturjon tun 2006.

A ƙasar Sin, madatsar Gezhouba ta toshe kogin Yangtze a 1981. Esturjon ɗin Sin, wanda ke tafiyar fiye da kilomita 2,000 zuwa wurin haihuwa, ya koma zuba ƙwai a ɗan ƙaramin wuri a ƙasan madatsar. Ɗan'uwansa mai dogon hanci bai samu ko wannan dama ba: ganinsa na ƙarshe a 2003 ne. Tun Janairun 2021 Sin ta hana su a kogin na tsawon shekara 10.

A watan Yulin 2022 Ƙungiyar Kare Halittu ta Duniya, UICN, ta sanar a hukumance cewa mai dogon hancin na Sin ya ƙare. Ta ce sauran nau'i 26 dukkansu na cikin barazana, kusan kashi biyu cikin uku kuma suna matakin ƙarshe kafin ɓacewa. Ƙungiyar na ɗaukar esturjon a matsayin dangin halittun da ya fi kowanne shiga haɗari a duniya.

Gidan reno a Saint-Seurin-sur-l'Isle

Da masana a Faransa suka ga haramcin 1982 bai dawo da kifin ba, sai suka yanke shawarar ajiye iri a hannu. A farkon shekarun 1990 aka fara tara waɗanda suka faɗa tarun masunta ana kai su wata tashar bincike a garin Saint-Seurin-sur-l'Isle, gabas da Bordo. Cibiyar bincike ta gwamnati da yanzu ake kira INRAE da ƙungiyar MIGADO su ke kula da wurin.

Aikin bai zo da sauƙi ba. Dole aka koyi abincin da kifin zai karɓa, yawan gishirin da ya dace a ruwansa, da yadda za a sauya masa zafi da sanyi da haske daidai da yanayin shekara. Don sanin ko mace ta kusa, ana duba ta da na'urar hoton ciki irin wadda ake duba mata masu juna biyu. Idan lokaci ya yi sai a yi mata allurar da ke sa ƙwai ya sauko, a haɗa shi da maniyyin namiji a cikin kwano. Ana kuma daskarar da maniyyi a ajiye, saboda shekarar da mace ta shirya amma babu namijin da ya dace.

A 1995 aka samu ƙyanƙyasa ta farko daga iyayen da aka kamo, aka saki wasu dubbai a kogi. Daga nan aka yi shekara 12 ana jira. Sai a 2007 kifayen da suka girma a tashar suka haihu. Tsakanin wannan shekara da tsakiyar shekarun 2010 an saki jarirai da ƴan matasa fiye da miliyan ɗaya da rabi a Garonne da Dordogne. An kuma ba Jamus wani kaso, inda ake sakinsu a kogin Elbe tun 2008.

Bayan 2014 haihuwa ta sake tsayawa a tashar, domin tsofaffin iyaye sun ƙare, ƴaƴansu mata kuma ba su balaga ba. A 2022 aka sake samun ƙwai, wannan karon daga matan da aka haifa a tashar. Faransa na aiki yanzu da wani shiri na ƙasa na shekara 10, daga 2020 zuwa 2029.

Miliyan ɗaya da rabi adadi ne mai girma a kunne, amma mafi yawansu jarirai ne ƴan kwanaki, kuma a ɗabi'ar kifi kaɗan ne ke kai girma. Akwai kuma damuwar cewa dukkansu daga iyaye ƙalilan suka fito, shi ya sa ake duba ƙwayoyin halittar kowane namiji da mace kafin a haɗa su, don kauce wa auren dangi na kusa. A cikin kogin ma akwai sabon abokin gaba, silure, wani ƙaton ɗan'uwan tarwaɗa da aka shigo da shi yankin, wanda ke wuce mita 2.

Rawar masunta

Kifin da aka saka a kogi zai shafe fiye da shekara 10 a wuraren da jiragen su ke aiki kullum. Saboda haka makomarsa na hannun masunta fiye da na masu bincike. Abin da ya taimaka shi ne esturjon na da juriya: mafi yawan waɗanda ke faɗawa taru ana fito da su da rai. Abin da ake nema ga masunci shi ne ya auna shi, ya duba ko yana ɗauke da lamba, ya mayar da shi ruwa nan take, sa'annan ya sanar. Ƙungiyoyin masunta na Faransa su ke yaɗa wannan saƙo a tashoshin jiragen ruwa, kuma rahotannin da suke kawowa na cikin manyan hanyoyin sanin inda kifayen suke.

Amurka ta nuna cewa hakan na iya aiki. A tafkin Winnebago na jihar Wisconsin, ƴan sa-kai sun shafe shekaru suna gadin wuraren haihuwar esturjon ɗin tafki dare da rana a lokacin zuba ƙwai. Ana yarda a kama shi da mashi na ƴan kwanaki a watan Fabrairu, amma da adadin da aka ƙayyade, kuma da zarar an cika shi ake rufewa. Wannan tafki na cikin wuraren da suka fi yawan wannan kifi a duniya.

Kabiyar gona da dokar kasuwa

Tun 1998 dukkan nau'in esturjon ke ƙarƙashin yarjejeniyar CITES mai kula da cinikin dabbobi da tsirran da ke cikin haɗari. Kowane gwangwanin kabiya dole ya ɗauki lamba mai nuna nau'in kifin, ƙasar da ya fito, shekarar da aka ɗebi ƙwan, da ko na kiwo ne ko na kogi. Matafiyi ba ya tsallaka iyaka da fiye da giram 125 ba tare da takarda ba.

Kusan duk kabiyar da ake sayarwa bisa doka a yau ta kiwo ce. Sin ce kan gaba, Italiya da Faransa na cikin manya. A yankin Bordo esturjon ɗin Saiberiya ake kiwo, wanda aka fara shigo da shi don gwaji kafin a taɓa na gida mai ƙaranci. Afirka ma ta shiga: a tafkin Mantasoa na Madagaska, mai sanyin ruwa saboda tsaunuka, wani kamfani ya kawo ƙwai daga Rasha a 2013, ya fitar da kabiyarsa ta farko a 2017 da sunan Rova. Ko a gona sai an ciyar da mace shekara 7 ko fiye, shi ya sa kilo ɗaya ke haura Yuro 1,000, fiye da sefa dubu 655.

Kiwo ya rage matsi a kan na kogi, amma bai kawar da haɗari ba. Binciken da aka yi a kasuwannin ƙasashen Danube ya gano nama da ƙwan kifin kogi ana sayarwa da sunan na gona. A guguwar Disamban 1999 kuma dubban esturjon ɗin Saiberiya sun tsere daga wurin kiwo zuwa ruwan Gironde. Baƙon nau'i na iya kawo cuta, ya yi gasar abinci da na gida, ko ya gauraya da shi iri ya ɓace.

Abin da ake jira

Kifayen da aka saki daga 2007 sun kai shekarun haihuwa, mazan tun da jimawa, matan kuma a ƴan shekarun nan. Kowane Mayu da Yuni ma'aikata na sa ido a wuraren tsakuwar Garonne da Dordogne, jirgin bincike kuma na jan taru a mashigar Gironde yana auna ƙananan da ya samu, yana yankar ɗan guntun fiffike don gwaji kafin ya sake su.

Tunda an san ƙwayoyin halittar duk iyayen da ke tashar, gwajin na nuna ko ɗan kifi daga can ya fito. Wanda ake nema shi ne ƙaramin esturjon da iyayensa suka haɗu da kansu a cikin kogi. Ranar da aka same shi, za a san cewa namiji da mace sun tsira daga taru fiye da shekara 10, sun gane hanyar gida, sun iske tsakuwa mai kyau, kuma sun iso a mako ɗaya. Ko an samu hakan, ƴaƴan da aka haifa za su buƙaci wasu shekaru 15 kafin su ma su zuba nasu ƙwan.